Yansun, mai tauraro ko shammar: wanne ya kamata ku ajiye a kicin?

Duk wanda ya taɓa buɗe kwalbar yansun ya shinshina, ya buɗe ta shammar ya shinshina, sannan ya ɗauki ɗan busasshen abun nan mai kama da tauraro ya kai hanci, zai iya rantsuwa cewa dangi ɗaya ne, kuma wannan ƙamshin shi ke yaudarar mutane har su ce ai duk ɗaya ne, wanda ka samu ka zuba. Ba ɗaya ba ne. A tukunya ba ɗaya ba ne, a kofin shayi ba ɗaya ba ne, in kuma maganar jariri ce to bambancin ya wuce maganar ɗanɗano, ya zama maganar lafiya, shi yasa nake so mu zauna mu warware su a tsanake.

Abun da ya haɗa su sinadari ne guda ɗaya da ake kira anitol, shi ne mai wannan ƙamshin mai zaƙi-zaƙi da ke ɗan sanyaya baki. A man da ake tatsa daga yansun anitol yakan kai kashi 80 zuwa sama da 90 cikin ɗari, a na mai tauraro ma kusan haka ne, a shammar kuma yana da yawa amma yana da abokan zama. Anitol ya fi sukari zaƙi kusan sau 13, shi yasa in kun tauna ƙwayar yansun za ku ji kamar an ɗiga mata wani abu alhali ba komai. Kuma akwai halinsa guda biyu da in kun riƙe su girkinku zai canza, baya son narkewa a ruwa amma yana narkewa sosai a mai, sannan yana bin tururi ya gudu. Zan dawo kan wannan.

Yansun na asali ɗan tsiro ne na shekara ɗaya, sunansa na kimiyya Pimpinella anisum, tsayinsa bai cika wuce rabin mita da ɗan wani abu ba, ɗan gidan su karas da faski ne, asalinsa gabashin tekun Bahar Rum da yammacin Asiya, kuma har yau Turkiyya da Masar da Sifen da Siriya suna cikin masu nomansa. Ƙwayarsa ƙarama ce, milimita 3 zuwa 5, launin toka-toka mai ɗan kore ko ruwan ƙasa, in kun zuba a tafin hannu kuka duba da kyau za ku ga tana da ɗan tumbi a gindi ta tsuke a sama, kuma sau da yawa akwai ɗan siririn tsinke manne da ita kamar wutsiya. Wannan wutsiyar ita ce hanya mafi sauƙi ta gane ta. Shammar kuwa, Foeniculum vulgare, gida ɗaya suke da yansun amma ƙwayarta ta fi tsawo, ta fi kore, tana da layi-layi a jiki da ido ke gani ba sai an matso ba, Indiya ce kan gaba wajen nomanta musamman jihohin Gujarat da Rajasthan. Shi kuma mai tauraro ko kusa ba danginsu ba ne, 'ya'yan wani babban itace ne mai ganye duk shekara, Illicium verum, da ke fitowa a kudancin Sin wajen Guangxi da Yunnan da kuma arewacin Biyetnam, ana tsinke 'ya'yan kafin su nuna a shanya su sai su zama ruwan ƙasa mai ja-ja, yawanci da ƙaho takwas, sunansa ma a Sinanci ma'anarsa kenan, ƙaho takwas.

Toh mu shiga tukunya. Ni a wajena yansun na kayan zaƙi ne da gashi, wato biredi, kek, biskit, madara mai ɗumi, shayi. Ƙamshinsa tsaf yake, mai laushi, ba ya danne sauran kaya, kuma da yake ƙwayar ƙanana ce za ku iya zuba ta cikin kwaɓi a haka a ci da ita ba sai an tsince ba. Ba sabon abu ba ne, Rumawa na zamanin da suna yin wani kek da yansun da ake ci bayan an tashi daga babbar walima don abinci ya kwanta, Jamusawa suna da biskit ɗinsu Springerle da ake dannawa zane a kai, Italiyawa suna sa shi a nasu biskit ɗin pizzelle, a Masar da ƙasashen Sham kuma shayin yansun abu ne da kowa ya taso ya gani a gida. Dabarar da na fi ganin amfaninta ita ce a ɗan murje ƙwayar a turmi, ba niƙewa ba, fasawa kawai, sai a haɗa ta da bota ko man da za a yi kwaɓin da shi tun farko, saboda kamar yadda na faɗa anitol mai yake bi, in ya shiga mai sai ya ratsa duk kek ɗin maimakon ka ci loma ɗaya da ƙamshi ɗaya babu. Ƙaramin cokali ɗaya zuwa biyu ya ishi kek matsakaici.

Mai tauraro kuma na doguwar dahuwa ne. Ya fi su ƙarfi nesa ba kusa ba, ƙamshinsa yana da nauyi da ɗan ɗaci-ɗaci na itace, kuma yana jure wuta, awa biyu awa uku yana cikin romo yana sakin ƙamshi a hankali. Shi yasa yake cikin haɗin kayan ƙamshi biyar na Sinawa, shi ne ƙashin bayan romon pho na Biyetnam, Indiyawa ma suna jefa shi a biryani. Da nama mai kitse da albasar da aka soya ta yi ja, gaskiya babu na biyunsa a cikin ukun nan, yana ƙara wa romo wani zurfi da ba za ka ce ga shi ba amma in babu za ka ji babu. Sai dai ba ya yafe ganganci. Na taɓa jefa guda uku a ƙaramar tukunyar nama ina ganin ai ƙanana ne, wallahi da na buɗe murfi ƙamshin da ya bugi fuskata kamar na maganin tari, naman ya dahu lugub amma harshe yana ɗan yin nauyi in an ci, kuma ba abun da na ƙara da ya gyara shi. Guda ɗaya ya ishi kilo ɗaya na nama, a sa shi da jikinsa, a cire kafin a zuba abinci don ƙahonsa baya laushi, yaro zai iya shaƙewa da shi.

Shammar ita ce ta tsakiya, kuma ita ce ta fi sakin jiki da abincin gishiri na yau da kullum. Zaƙinta bai kai na yansun ba, tana da ɗan ɗanɗanon ganye da wani kaifi da ke zuwa daga sinadarin fenkon, wannan ne ya sa take tafiya da kifi da tumatir da kayan lambu da wake. In kun ɗan soya ta a busasshen kasko minti ɗaya ko biyu har ta fara ƙamshi, ko kuka jefa ta cikin mai mai zafi kafin albasa, sai ta koma wani abu daban, mai gardi. Kuma ita ce ta fi daɗin taunawa haka nan, a Indiya da Pakistan bayan cin abinci sai a miƙo maka ita a ɗan faranti, wani lokaci da sukari a jiki, don ƙamshin baki da saukar abinci. Yansun ma ana taunawa amma ya fi yaji a harshe, mai tauraro kuwa ba abun tauna ba ne sam.

In girki ya ce a sa ɗaya ku kuma ɗayan kuke da shi, ana iya musanya amma da lissafi. Tauraro ɗaya yana tsayawa a madadin kamar rabin ƙaramin cokali na ƙwayar yansun. Shammar a madadin yansun sai an ɗan ƙara hannu kuma kek ɗin ba zai yi zaƙin ƙamshi iri ɗaya ba. Yansun a romon da ake so ya daɗe a wuta yakan gaji ƙamshinsa ya tafi, gara a sa shi kusa da saukewa.

Yanzu maganar lafiya, wadda na san ita ce mutane suka fi son sani. Abun da aka fi yarda da shi game da yansun abu biyu ne, kumburin ciki da iska da ɗan murɗawar ciki bayan cin abinci, sai kuma tari na mura mai majina, yana taimakawa wajen sassauta ta a kakkaɓo. Hukumar magunguna ta Tarayyar Turai ta amince da shi kan waɗannan biyun a matsayin maganin gargajiya da aka daɗe ana amfani da shi, ma'ana dogaron ya fi yawa kan daɗewar amfani ba kan manyan gwaje-gwaje ba, kuma ta ba da awo, giram 1 zuwa 3.5 na ƙwayar a ruwan zafi mililita 150, sau uku a rana, ga manya da waɗanda suka haura shekara 12, kuma kar a wuce sati biyu ana sha a jere. Ƙaramin cokali ɗaya kusan giram 2 ne, kunga ba wani tuli ake buƙata ba. Shammar ita ma an amince da ita kan kumburin ciki da tarin mura, da ƙarin abu ɗaya da yansun bai samu a wannan jerin ba, wato ciwon mara mara tsanani lokacin al'ada. Don haka mace mai neman sauƙin wannan, tsakanin ukun shammar ce ta fi kusa da buƙatarta. An yi wasu ƙananan gwaje-gwaje a Iran kan yansun da ɓacin ciki da kuma zafin jikin da ke taso wa mata lokacin ɗaukewar al'ada, sakamakon yana da ban sha'awa amma mutanen da aka gwada kaɗan ne, bai kai a ce wa mutum ya ajiye maganin likita ba.

Akwai wata magana da ke yawo wadda take ɓata min rai, wai shayin mai tauraro yana kashe mura saboda da shi ake yin Tamiflu, wani maganin mura na asibiti. Asalin zancen gaskiya ne, akwai sinadarin shikimik asid a cikin tauraron, kuma kamfanin Roche ya daɗe yana ciro shi daga nan a matsayin mafarin haɗa maganin, har a 2005 lokacin fargabar murar tsuntsaye aka yi ƙarancinsa. Amma daga wannan sinadarin zuwa ƙwayar magani akwai matakai masu yawa a masana'anta, abun da ke cikin kofinku ba Tamiflu ba ne kuma jiki baya mayar da shi Tamiflu. Haka maganar ƙarin jini, eh ƙwayar yansun tana da sinadarin ƙarfe sosai, kusan miligiram 37 a giram 100, amma wa ke cin giram 100 na yansun? A ƙaramin cokali bai kai miligiram ɗaya ba, in kuma tacewa aka yi aka zubar da ƙwayar to ya ƙara raguwa. Mai ƙarancin jini ya nemi magani na gaske.

Inda bambancin ya fi tsanani shi ne a nan, kuma dan Allah ku karanta wannan sakin da kyau. Mai tauraro yana da ɗan'uwa da ake kira na Japan, Illicium anisatum, wanda guba ne, yana ɗauke da anisatin da ke taɓa jijiyoyi da ƙwaƙwalwa, yana sa amai da jijjiga har da farfaɗiya. A Japan ba a cin sa, turare ake yi da shi a wuraren ibada da maƙabarta. Matsalar ita ce in sun bushe suna kama da juna ƙwarai, ana cewa na Japan ya fi ƙanƙanta, ƙahonsa a karkace, ƙamshinsa kamar na kafur ba zaƙi, amma in an gauraya su a buhu ɗaya ko an farfasa ko an niƙa, ido da hanci ba za su raba ba, sai a ɗakin gwaji. A 2001 a ƙasar Holan mutum 63 ne suka kamu da rashin lafiya bayan shan wani shayin ganye da aka samu wannan cakuɗar a ciki, wasu har da farfaɗiya aka kwantar da su. A watan Satumba na 2003 hukumar abinci da magunguna ta Amurka ta fito ta ce a daina shan shayin da aka dafa da mai tauraro, bayan rahoton mutum kusan 40 da suka yi ciwo, kusan 15 daga ciki jarirai ne da aka ba su don ciwon ciki. Kuma ko na Sin ɗin mai kyau yana da 'yan sinadarai masu kama da wannan, kaɗan ne, ba sa damun babba da ya ci romon da aka jefa guda ɗaya, amma jaririn kilo huɗu da aka dafa wa taurari da yawa a ɗan ruwa lissafinsa daban ne. Saboda haka ni dai hukuncina a kan wannan ba sassauci, mai tauraro na tukunya ne, a saye shi da jikinsa ba gari ba, daga inda ake rubuta sunansa na kimiyya a jikin leda in da hali, kuma ba a ba jariri ruwansa ko da cokali ɗaya ne.

To sai a ce a ba jaririn yansun na asali ko shammar kenan? A'a. Na san uwa in ɗanta yana ta kuka da daddare yana naɗe ƙafa, duk abun da aka ce mata zai sauƙaƙa masa za ta so gwadawa, kuma ba laifinta ba ne, tausayi ne. Amma Hukumar Lafiya ta Duniya shawararta nono zalla har wata shida, ko ruwa ba a ƙarawa, hukumar Turai ba ta ba da shawarar shayin yansun ga 'yan ƙasa da shekara 12 ba, shammar kuma ga 'yan ƙasa da shekara 4 ba, musamman saboda wani sinadari da ake kira estiragol wanda a gwajin ɓeraye, da yawa sosai, ya jawo ciwon daji a hanta. Estiragol ɗin yana cikin dukkan ukun, adadin da ake samu a girki ƙanƙani ne, amma shi ne dalilin da ya sa ake cewa kar a mayar da shayin ruwan sha na wata da watanni.

Masu juna biyu da masu shayarwa, ɗan abun da ke cikin biskit ko miya ba shi ake magana ba, ana maganar kofi-kofi a kullum da niyyar magani. An daɗe ana cewa yansun da shammar suna kawo ruwan nono, kuma anitol yana da ɗan aiki mai kama da homon ɗin mata na istirojin, amma hujjar cewa yana ƙara nono ba ta da ƙarfi, ga shi kuma yana tsallakawa cikin nonon. Likitoci a Italiya sun taɓa ba da rahoto a 1994 kan jarirai biyu da suka yi laushi, suna amai ba sa iya tsotso da kyau, aka gano iyayensu mata suna shan fiye da lita biyu a rana na wani haɗin shayi mai ɗauke da yansun da shammar da wasu ganyaye, da aka daina sai yaran suka warware. Wannan kamannin da istirojin shi ne kuma ya sa duk wadda ke fama da ciwon da homon ke rura shi, kamar wasu nau'o'in dajin nono ko na mahaifa, ta tambayi likitanta kafin ta ɗauki shan ɗaya daga cikinsu a matsayin al'ada. Wanda kuma jikinsa baya shiri da karas ko seleri, yana samun ƙaiƙayin baki ko borin jini, ya yi hattara da yansun da shammar tunda gidansu ɗaya. Sai man da ake sayarwa a 'yar kwalba, wannan ba shayi ba ne, abun da ke cikin tulin ƙwaya ne aka tattara a ɗigo kaɗan, mililita kaɗan na iya sa amai da jijjiga, ba a shan sa haka kuma a ɗaga shi inda hannun yara baya kaiwa. In kun ga ya daskare lokacin sanyi ba lalacewa ya yi ba, anitol yana daskarewa ne in zafi ya sauka ƙasa da digiri 21 ko kusa da haka.

Wani abu da mutane ke mantawa, haɗaɗɗen shayin leda da aka rubuta yansun a gaba sau da yawa akwai saiwar nan mai zaƙi da Larabawa ke kira irkus-sus a ciki, saboda ɗanɗanonsu ya yi kama. Ita tana ɗaga hawan jini in an yawaita, tana kuma rage sinadarin fotashiyam a jiki. Mai hawan jini ya juya ledar ya karanta bayanta.

In an ce min ɗaya tal zan ajiye, yansun na asali zan ɗauka, saboda ni shayi da gashi suka fi yawa a hannuna, kuma shi ne wanda zan dafa in sha ba tare da ina tunanin ko an cakuɗa min shi da na Japan ɗin nan mai guba ba, ga awonsa a rubuce. Amma wanda girkinsa kifi ne da kayan lambu, ko yake son abun taunawa bayan abinci, ko macen da ciwon mara ne damuwarta, shammar ta fi masa riba. Mai tauraro sai in kuna yawan yin romo da naman da ke daɗewa a wuta, kuma ɗan kaɗan za ku saya, guda goma za su kai ku watanni.

Ko wanne kuka zaɓa ku saye shi da ƙwayarsa, ku ajiye a kwalba mai murfi nesa da murhu da hasken rana, a haka yakan kai shekara biyu da ƙamshinsa, garin kuwa wata kaɗan ya zama ƙura. Gwajin ba wuya, ku ɗebi 'yan ƙwayoyi ku murza da babban yatsa a tafin hannu, in ƙamshi bai taso ya same ku ba sai da kuka kai hanci kuna nema, ya tsufa. Wajen dafawa kuma kar ku bar shi yana ta tafarfasa a buɗe, duk ƙamshin da ya cika kicin ɗin anitol ne ke tafiya. Ku fasa ƙaramin cokali ɗaya a turmi, ku zuba a kofi, ku kwara tafasasshen ruwa, ku rufe da ɗan faranti minti goma zuwa sha biyar, in kun ɗaga farantin za ku ga ɗigo-ɗigon ruwa a jikinsa, ku karkata shi su koma cikin kofin kafin ku tace.